Malam Sadiƙu Ba Ya Kai Ƙarshen Fim

Akwai wani abu da Malam Sadiƙu yake yi wanda mutanen gidansu suka daɗe suna gani ba su lura ba. In aka taru kallon fim a talabijin, daga gefe yake zama, kusa da ƙofa, ya aje takalmansa suna fuskantar waje. Da zarar labari ya ɗau zafi, an kusa sanin wanda zai rayu da wanda zai mutu, sai ya miƙe ya zura takalma ya fice. Wasu su ce alwala ce ta kama shi, wasu su ce tsufa ne. Ba ko ɗaya. Ƙafarsa ce ta saba tun yana saurayi, har yau kuma ba ta daina ba.

A gidan mahaifinsa Malam Mamman na Ƙofar Kuyambana a birnin Zariya aka haife shi, nan ya yi aure, nan ya tsufa. Sana'arsa zanen riga. A kawo masa shadda an yanka, ya shimfiɗa ta a kan katako a zaure, ya ɗauki biro ya fitar da aska biyu ko aska takwas, sannan ya shiga da ita cikin gida matan su bi zanen da allura da zare. Gidan Malam Mamman gidan ɗinkin hannu ne tun asali. Daga hantsi zuwa la'asar za ka tarar da mata sun jeru a inuwar bishiyar bedi ta tsakar gida, kowace da riga a cinya, kai a sunkuye. Mai ɗinki idonta ba nata ba ne, na allura ne. Kunnenta kawai take da shi.

Wannan kunnen Sadiƙu ya samu.

A zamanin samartakarsa, mai son silima sai ya fita bayan ganuwa ya nufi Tudun Wada ko Sabon Gari. Ɗan malam ba a so a gan shi a can, mace kuwa ko zancen ba a yi. Shi dai Sadiƙu yana zuwa. Yakan tura kekensa a hankali har ya wuce lungunsu, sannan ya hau. Gidan silimar da ya fi zuwa ba shi da rufi, fili ne da bencina da farin bango, kuma 'yan kallo ba sa barin jarumi ya yi faɗa shi kaɗai. In mugu ya laɓe a bayan ƙofa, mutum ɗari ne za su yi ihu su ce waiga. In aka fara waƙa, masu rake da masu gyaɗa ma tsayawa suke su bi amshi, ko da ba wanda ya san ma'anar kalma ɗaya.

Matsalarsa guda ce. Malam Mamman yakan tashi nafila, kuma kafin ya ɗau buta sai ya leƙa shagon samari ya ga kowa na nan. Fim ɗin Indiya dogo ne, hanya ma doguwa. Dole Sadiƙu ya bar silima ana tsaka da daɗi, ya taka keke ya iso kafin tsohon ya farka. Yayarsa Larai ce take zare masa sakata.

Washegari in ya shigo da zane, sai matan su ce, “To, jiya me aka yi?” Ya zauna a kan turmin da aka kifa, ya fara. Ba ya jin Indiyanci, amma yana da ido, kuma bakinsa na iya ɗaukar duk abin da idon ya gani. Ya yi muryar attajiri, ya yi ta matar da aka kora cikin ruwan sama, ya kwaikwayi kukan jirgin ƙasa har kaji su watse. In ya iso wurin da ya baro fim, ba ya ko numfasawa. Sai ya ci gaba kawai, ya ɗinke labarin da nasa zaren. Ba wadda ta taɓa gane inda aikin Indiyawa ya tsaya, na Sadiƙu ya fara.

A cikin labaran akwai ɗaya da gidan ya riƙe, suna ce masa na mai tukwane. Wata tsohuwa ce mai ginin tukwane, ɗanta ya tafi birni neman aiki, aka ɗaure shi kan laifin da bai yi ba. Ta yi ta jira har idonta ya tafi. A ƙarshe ya dawo ya tarar da ita a bakin rijiya, ta shafa fuskarsa da hannu mai laka ta gane shi. An yi shekaru ana sa Sadiƙu ya maimaita wannan. Amaren da aka kawo gidan daga baya ma sun haddace shi.

Gidajen silima suka yi ta mutuwa ɗaya bayan ɗaya. Wanda yake zuwa ya koma wurin ajiyar kaya. Aka yi yayin kaset, aka yi na faifai, duk ba su taɓa Sadiƙu ba, domin kowannensu sai an ɗaga ido an kalla, mai ɗinki kuwa ba ta da idon bayarwa. Shi yakan kalla a shagon wani abokinsa ya kawo musu. Abin da ya taɓa shi waya ce. Da masu fassara suka fara ɗora Hausa a kan finafinan Indiya, ana tura wa mutane a waya, sai 'yan matan gidan suka gane cewa ba sai sun kalla ba. Kowace ta cusa abin ji a kunne, ta aje waya a kan tabarma, allura na tafiya. Tsakar gidan da a da ake jin dariyar mata daga zaure ya yi tsit. Mata takwas a inuwa ɗaya, kowace da nata fim.

Duk da haka bai fasa zama a kan turmin ba. Yaya Larai, wadda ta dawo gida bayan rasuwar mijinta, ita da wasu tsofaffi biyu suna saurarensa. 'Yan matan ma wani lokaci sukan zare kunne ɗaya.

Sai ranar da Batul ta zo da wayarta. Batul jikar Larai ce, tana karatu a kwalejin ilimi, kuma tsakaninta da Sadiƙu akwai wasan jika da kaka, ba sa haɗuwa ba su taɓa juna ba.

“Angona,” in ji ta, “yau asirinka ya tonu. Na samo na mai tukwane.”

“A ina kika samo shi, ke da ko tuwo ba ki iya samowa a tukunya ba?”

“An fassara shi. Jiya na kalla har ƙarshe.” Ta juya ga sauran tana dariya. “Wallahi babu wata rijiya. Tsohuwar mutuwa ta yi. Ɗan nata yana sauka daga mota ya tarar an riga an fita da ita. Shekara da shekaru tsohon nan yana shara mana ta.”

Aka tattaru a kan wayar, aka ja fim ɗin zuwa ƙarshe. Haka ne kuwa. 'Yan matan suka yi ta dariya, wata ta ce ashe Kawu ma darakta ne, wata ta ce sai a binciki sauran. Ba da mugunta suka yi ba, Batul ma wasa take. Sadiƙu ya yi dariya tare da su. Ya karɓi wayar ya matso da ita kusa da ido, ya ga saurayin a durƙushe a ƙofar ɗaki, tukwane a jere ba mai su. Wannan ne karo na farko da ya ga ƙarshen. Ya miƙa mata abarta, ya ce yana da aiki a zaure.

Daga ranar ya daina shiga. Ya gama zane ya ba duk wanda zai shiga ciki ya miƙa. Ba fushi ya yi ba. Gani ya yi abin da yake da shi a gidan nan guda ɗaya ne, a ce Sadiƙu ya gani da idonsa, yanzu kuma kowa ya san bai gani ba. Wa zai sake sunkuyar da kai ya ba shi kunne? Aka bar turmin a kife, har wata ta mai da shi wurin aje kwandon zare.

Ana haka Haidar, ɗan ƙanensa da ke aiki a Abuja, ya kai shi can ganin likitan ido. Da suka gama, ya ce, “Baba, yau sai na kai ka silimar zamani ka ga yadda ta koma.”

A saman wani katafaren kanti take, sai da suka hau matakala mai tafiya da kanta. Ɗaki ne rufaffe, da sanyi kamar cikin randa, kujeru masu laushi jere har sama. Haidar ya sayo masa gugguru a kwali. Sadiƙu ya waiga ya duba bayansa, ya sake waigawa. Ban da su, mutanen da ke ciki ba su cika benci ɗaya na silimarsa ta da ba.

“Sauran suna hanya ne?” ya tambaya.

“Su ke nan, Baba. Yanzu haka abin yake, ba nan kaɗai ba, har ƙasashen waje kuka suke. Kowa jira yake a sa a waya ya kalla a ɗakinsa.”

Hoton ya yi kyau, bai taɓa ganin irinsa ba, har gashin girar jarumar ana gani. Amma da mugu ya biyo ta a baya, Sadiƙu ya buɗe baki zai ce waiga, sai ya ji ba wanda ya motsa. Wata yarinya a gabansa tana danna waya. Ya haɗiye maganarsa. Da labari ya kai inda yake kaiwa, ƙafarsa ta yi abin da ta saba. Haidar ya fito ya same shi a kan benci a waje, da sauran gugguru a hannu.

Ya dawo Zariya da sabon tabarau. Washegari da hantsi Yaya Larai ta fito zaure da kanta, tana dafa bango, abin da ta daɗe ba ta yi ba.

“An ce ka je silima.”

“Haidar ne ya matsa, Yaya.”

“To me kake jira? Ka ci kai kaɗai ka goge baki?”

Ya ci gaba da gyara shaddar da ke gabansa. “Ai kin ji abin da yaran suka gano.”

“Suka gano me? Wa yake zare maka sakata? Ina jin ka shigo, can sai in ji kekunan 'yan unguwa suna dawowa bayan an tashi. Tun daren farko na san ba ka kai ƙarshe.” Ta zauna a bakin dakali tana mai da numfashi. “Ranar da ka fara ba da na mai tukwane, Inna tana kwance a ɗaki, ka manta? Ta ce a ɗaga mata labule ta ji. Lokacin ɗanta Yaya Nasiru ya shekara uku can Kurmi, ƙasar kudu, ba labari. Da ka kai wurin rijiyar nan, na ga ta juya ta share ido, ranar ta ci abinci. Ni ban ga abin da Indiyawa suka fi ka da shi ba. Tashi mu je, ƙafata ba ta son tsayuwa.”

Ya bi ta. Aka sauke kwandon zare daga kan turmi. 'Yan matan suna nan a jere, kowace da abinta a kunne. Batul ce ta fara zare nata.

“Angona, an ce sabo ne, ko masu turawa ba su samu ba tukuna.”

“Ba su samu ba.”

“Ka ga ƙarshensa?”

Ya dube ta ta saman tabarau. “Ban gani ba.”

Ta naɗe wayar kunnen ta tura ƙarƙashin tabarma, ta jawo rigarta kan cinya. “To fara. In ka zo wurin da ka tashi, kada ka faɗa mana. Ni zan gane da kaina.”

“Ke? Kakarki ma da ta fi ki wayo sai da kekuna suka taimake ta.”

Ya fara da matakalar nan mai tafiya da kanta, da yadda ya riƙe Haidar kamar mai tsallaka rafi, sannan ya shiga fim. Ɗaya bayan ɗaya suka zare abin kunnen, ban da wata Radiya da ta ce nata ya kai wurin da ba a bari. Da mugu ya biyo jarumar a baya, wata daga cikin tsofaffin ta ce, “Ke, waiga mana,” ba ta ko ɗaga kai daga ɗinkinta ba. Sau biyu Batul tana cewa nan ne ka tashi, sau biyun yana girgiza kai. Har ya gama ba ta kama shi ba, ta ce in an tura fim ɗin a waya za ta duba, ya ce ta duba.

Da aka kira azahar ya miƙe ya karkaɗe rigarsa. A zaure akwai wata farar shadda da ya bari rabin zane tun kafin tafiyarsa Abuja. Bayan ya dawo daga masallaci ya goge sabon tabaraunsa da bakin riga, ya gwada biro a tafin hannunsa, ya ƙarasa mata askar da ta rage.