Jakin Baba da manoman Ingila

A kwalejin horon malamai a Sakkwato na fara jin labarin manoman Ingila, na shekaru ɗari shida da suka wuce. An ɗora musu harajin kai, mai kuɗi da matsiyaci duk ɗaya, kuma dole su yi aiki a gonar mai ƙasa kafin su taɓa tasu. Da abin ya ishe su, suka ɗauki lauje da sanda suka nufi Landan.

Ni kuwa bakina ba ya riƙe sabon karatu. Da na je hutu ƙauyenmu kusa da Gangara, na tarar da Baba yana gyaran ƙotar fartanya, na zazzage masa labarin duka, ina jin kaina malama.

Ya ce, "Wane wata sunka tahi?"

Na ce lokacin aikin gonarsu ne.

"To wa yal lura musu da hatsi?"

Wannan ba ya cikin littafi. Ina inda-inda sai Inna, mahaifiyata, ta yi dariya daga bakin murhu, ta ce in tambaye shi ina jakinsa.

Na tambaye shi. Ashe a da, in ruwan shuka ya sauka, kowane magidanci gandun maigari yake fara zuwa, kwana biyu ko uku. Ƙasarmu kuwa rairayi ce, laima ba ta jira. Wata shekara kafin Baba ya dawo tasa gonar ta bushe, gero bai yi ba, muka ƙare damina da tafasa da ɗan garin rogo. A lokacin aka binne yayana.

Da ruwan shekara ta gaba ya sauka, aka buga gangar gandu, Baba ya saɓa sungumi ya nufi gonarsa. Yana sara, Inna tana bin sa tana zuba iri tana rufewa da diddige, ni ina goye a bayanta. Kafin azahar maƙwabta huɗu sun sulale sun koma nasu gonakin. Washegari aka zo daga gidan maigari aka kwance jakinsa, shi ke nan abin hawansa da na ɗaukar taki. Shekara uku a ka yake kai taki gona. Amma daga nan aikin gandu ya koma gayya, sai kowa ya gama shukarsa, kuma har fura ake damawa.

Ban taɓa jin wannan ba, ga shi na zo ina koya masa tawaye. Kunya ta kama ni, da wata godiya da na rasa inda zan sa ta.

Baba ya tambayi yadda na Ingila suka ƙare. Na ce sarki ya yi musu alkawari ya saɓa, aka kashe shugabanninsu, sai dai an bar wannan harajin.

Ya ajiye ƙotar. Sannan ya ce, "Ashe ni da arha nis samu. Jaki ɗai anka amsa, ke kuwa ga ki zaune."