Yadda Na Zama Burgun Zongo

Ɗan ƙanwata ya mai da ni burgu, ya zuba ni cikin wayoyin mutanen Zongo, kuma har in koma ga Mahaliccina ba zan manta ba.

'Yan shekarun baya ne. Ya yi bokon Faransanci, sana'arsa haɗa wasannin waya. Ya same ni a rumfata ta kasuwar Hédzranawoé, inda nake sayar da tsofaffin kwaɗuna da makullai da ƙarafa. Ya ce, "Kawu, wasa nake haɗawa. Jarumin ɗan zemijan ne, wato ɗan acaɓa, ina neman dabbar da za ta riƙa bin sa a kan babur tana taimakonsa. Kai ka san tatsuniyoyinmu."

Nan take kaina ya kumbura. Ni da aka haifa a Zongo, dajin da na sani bai wuce ciyawar hanyar Baguida ba, na gyara zama kamar sarkin maharba. Dila na so in ba shi, to ban taɓa ganin dila ba. Burgu kuwa mun sha karo a bakin kwata.

Na ce, "Ɗauki burgu, namijin gafiya. Kumatunsa jaka ne. Kakarmu ta ce cokali, ɗankunne, duk abin da ke ƙyalli kwashewa yake ya tara a rami. Ba ya ci, ba ya zubarwa. In ya tara sai ya miƙe da ƙafa biyu ya taka rawa. Banza ne, mai tara tarkace, kullum fuska a murtuke." Ina faɗa ina jan tsaki. Shi kuwa ya dubi rumfata, ya dube ni, ya duƙa yana zane. Wauta ta hana ni waiwayawa in ga abin da ke jibge a bayana.

Lokacin ina neman auren wata bazawara mai koko da ƙosai a layinmu, magana har ta fara ƙarfi. Bayan wata biyar na je wurinta da sabon kaftani. Tana ganina ta saki ludayi, dariya har da hawaye.

"Malam, don Allah yi mini tsakin nan."

Ta miƙo waya. Ga burgu da jar hulata, da giɓina, da tarin makullai a ƙugu. Babur na lalacewa sai ya tofo sifana daga kumatu, ya ja tsaki, ya ce, "Ban ce maka zai yi amfani ba?" Maganata ce, ba ragi ba ƙari.

Ta share ido ta ce, "Ka yi haƙuri. In na aure ka, Gafiya za a riƙa kirana har jikoki." Ko kokon ban sha ba. Ƙarshen maganar auren ke nan.

Na hau zemijan zuwa shagon ɗan ƙanwar tawa a Hanoukopé, direban ma yana ta leƙena ta madubi. Ina shiga yaron ya miƙe zai gaishe ni, na ce, "Zauna. Ban zo ka goge ba, gari ya riga ya gani, kuma ban yafe ba. Laifinka, ka ji kawunka yana siffanta kansa ka ƙi tsayar da shi. Nawa ya fi naka: shekara hamsin ina cikin rami ina zagin burgu. Na koyi in dubi kaina kafin in buɗe baki a kan wani, ko da dabba ce. Amma gobe in kana neman wata dabbar, je wurin ubanka ya siffanta maka kansa. Kura ba ta da aikin yi."