Turancin Kawu Sai da Turi

Kawuna, wan Inna, dillalin hatsi ne a kasuwar Gummi, kuma shekarar da nake aji biyar na sakandare shi ne shugaban ƙungiyar iyayen yara. Turancinsa bai da yawa, amma yana da ƙofar shiga mai faɗi. Duk jawabin da zai yi sai ya gyara babbar riga, ya yi gyaran murya, ya ce, "And but however, so therefore," sannan ya zarce da Hausa abinsa. Iyaye suna jin daɗin hakan ƙwarai. A ganinsu mutum ya sha boko har ya gaji ya dawo gida.

Malamar Turancinmu 'yar Binuwai ce, doguwa, ba ta wasa da jan biro. A ajinta ko "and" guda ka buɗe jimla da shi ka ci jan layi, balle ka jera biyar. Takan ce waɗannan kalmomi igiya ce, kuma ba a ɗaura igiya sai da akuya a gaba da turke a baya. Kawu kuwa igiyoyi yake zubewa a fili, ba akuya ba turke. Mu 'yan aji muka mai da abin gaisuwa, har mai sayar da awara a bakin ƙofa ta iya.

Da aka sa ranar raba kyaututtuka, aka ce manya za su zo daga Anka da Bukkuyum, Malama ta kasa haƙuri. Ta roƙe ni in kai ta rumfar Kawu. Cikin ladabi, tana ce masa Baba, ta yi masa bayani tsakanin buhunan gero. Ya musa, ya ce ai mu ma muna cewa "to amma kuma dai" ba wanda ya mutu. Daga baya ya yarda zai daina, don ta ce baƙi za su yi dariya.

Ranar taro ya miƙe, ya kama abin magana, ya ce, "Good morning." Shi ke nan. Turanci ya ƙi zuwa, Hausar ma ta ƙi. Ya dubi rumfa, ya dubi takalmansa, gumi ya jiƙa masa hula. Wani baƙo ya fara tari. Malama tana zaune bayansa, ni kuma ina gefenta riƙe da tiren kyaututtuka, don haka da kunnena na ji ta sunkuyo ta raɗa masa, "And but however, Baba."

Kamar an tura tsohuwar mota. Ya ɗauka, ya ƙara "because" a kai kyauta, ya yi jawabi har sai da aka miƙo masa ruwa don ya zauna.

Da yamma ya biyo gidanmu cin tuwo. Inna ta tambaye shi yadda aka ƙare, ya suɗe hannu ya ce, "Wagga malama ba laihi. In ta daɗe cikinmu, Turancinta na gyaruwa."