Labari Biyu a Bakin Saje

Mutum biyu dagaci ya bayar daga unguwarmu a Ruwan Bago, shekarar da aka ce kowane gari ya kawo mazaje don yaƙin da Turawa ke yi a ƙasar Bama: yayana da abokinsa, wanda daga baya kowa ke kira Saje. Ɗaya ne ya dawo.

Ina tsakar gida ranar da Saje ya zo gaida Inna, mahaifiyarmu. Ya durƙusa, ya ci tuwon da ta tuƙa masa har ya suɗe akushi. Da ta tambaye shi ɗanta, sai ya sunkuyar da kai ya ce, "Inna, raba mu aka yi a wani sansani. Jiragen ruwan ba tare suke tasowa ba. Ki ƙara haƙuri."

Inna ta riƙe maganar nan gam. Duk shekara kafin ruwa ya sauka sai ta sa na yaɓe ɗakin Yaya, na sake masa jinka. Dattawan unguwa suka ba ta shawara a yi masa sadaka, ta ce ita ba ta yi wa rayayye sadakar mutuwa. Wanda ya gani da idonsa ya zo ya gaya mata, sannan ta yarda.

Saje bai koma gona ba. Ya yi masinja a gidan hakimi a Karaye, da siyasa ta shigo ya faɗa cikinta tsundum. Allah ya ba shi baki, wannan ko ni da nake jin haushinsa ba zan hana shi ba. Ni kuwa lokacin ina malamin yaƙi da jahilci a Rogo, ina koya wa magidanta rubuta sunansu.

Wata ranar kasuwa na tarar da shi tsaye kan tebur, jama'a sun yi masa zobe. Ina isa na ji sunan yayana, da na mahaifinmu, da na garinmu. Wai a kan cinyarsa Yaya ya cika, wai da numfashinsa na ƙarshe ya ce masa, "Ka koma gida ka share wa talakawa hawaye." Yayana da bai taɓa jera magana uku ba sai in kan tumakinsa ake zance! Tsofaffi suna ta salati, ni kuwa na zauna kan buhun gyaɗar wani. A haka na sami labarin rasuwar ɗan'uwana, tare da 'yan kallo, in ma rasuwar ce.

Labarin ya dinga ƙiba gari gari. A Karaye harsashi ne a ƙirji. Kafin labarin ya kai garin Kafin Dafga har Saje ya goya shi kwana uku cikin daji.

Na sami Saje a zaurensa bayan la'asar, na jira mutane suka ragu.

"Saje, wanda ka gaya wa Inna da wanda kake gaya wa kasuwa, wanne ne gaskiya?"

Ya ɓare goro ya miƙo mini, ban karɓa ba.

"Ƙanena, kai malami ne, ba ka san siyasa ba. Mutane sai da abin da zai taɓa zuciyarsu."

"To ka zo ka taɓa ta Inna. In ya rasu ka gaya mata, ta yi kukanta ta huta. In ba ka sani ba, ka ce ba ka sani ba."

"Zan zo, in Allah ya yarda. Bari zaɓe ya wuce."

Zaɓe ya wuce, ya ci, ya tafi majalisa Kaduna. Ni ma ina da nawa laifin, don bin matan unguwa na yi ɗaya ɗaya ina roƙonsu kada su kai wa Inna zancen. Ban san wanda nake karewa ba. A bakin wata mai tallan daddawa ta ji. Sai ta aika wa Saje ya zo. Aiken farko ya turo turmin atamfa, na biyu ƙwaryar goro, na uku aka ce ya tafi taro. Atamfar ba ta ɗinka ba. Ta ce ita ba tsirara take ba, magana ɗaya take nema.

Ta rasu bayan an kai amfanin gona gida. Ranar sadakar uku sai ga motar Saje, da babbar riga da 'yan rakiya. Aka shimfiɗa masa buzu kusa da liman. Ya yi mini ta'aziyya da murya mai rawa, ya ce Inna uwarsa ce. Na amsa, don ba a faɗa a zaman makoki.

Liman ya ɗaga hannu, ya yi wa Inna addu'a, ya yi wa mahaifinmu. Sai ya dakata, ya juyo wajena ya tambaya a hankali, "Malam, yayan naka fa? A sa shi cikin mamata?"

Na dubi Saje, duk zauren ma shi ya duba. Mutumin da ya binne yayana a kasuwanni sun fi a ƙirga ya gyara zaman hularsa, ya ce, "Allah ne masani, Malam."

Hannun liman na nan a sama yana jirana. Na ce a bar shi, kada a sa shi cikin mamata. Aka shafa.