Memorin da na rataye a hayaƙi

Shekarun baya, 'yan bindiga suka faɗo wa ƙauyenmu na bakin ruwa, a ƙasar Ngaski. Suka ƙona jiragen ruwa da komar kamun kifi, suka kashe maza. Ɗana na biyu yana ciki. Jikata ke rubuta muku wannan, ni ban yi boko ba, kuma na ce kar ta ƙara gishiri.

Kafin a yi jana'iza, ƙanena ya bi sahun gawawwakin da wayarsa yana ɗaukar bidiyo. Kowace fuska ya buɗe, sai ya faɗi sunan mutum da na ubansa.

Bayan sadakar uku mijina ya ce a goge. "Wa ke aje hoton gawa cikin gida? Ku bar su su huta."

Na ce, "Malam, su sun huta. Mu da ke raye ne ban yarda da mu ba."

Na karɓi memorin wayar, ɗan abu kamar farce. To a ina zan aje? A wurinmu duk abin da ake so ya daɗe, hayaƙi ake kai shi: kifi, irin masara, har igiya. Na naɗe shi a tsumma, na rataye a saman inda nake bandar kifi. Ina ta ganin na yi dabara.

Ana nan, ƙanena ya rasu. Wata ranar kasuwa a Yelwa, wani mai sayen kifi yana taya kwandona ya ce, "Ai zancen ƙauyenku ƙari aka yi, Inna. Jirage kawai aka ƙona."

Na janye kwandona. Ban kuma sayar masa ba.

Kasuwa ta gaba na kai memorin wurin mai gyaran waya. Ya kwance tsumman, ya sunsuna, ya dube ni.

"Inna, wannan miya za a yi da shi?"

"Buɗe dai, ɗan nan. Ban zo raha ba."

Ya daɗe yana goge maiƙo da baƙin hayaƙi. Da ya buɗe, dariyar ta tsaya. Fuskokin farko sun fito sarai. Daga tsakiya hoton ya daskare, ya zama toka-toka, tun kafin a iso kan ɗana. Amma murya ba ta tsaya ba. Na ji ƙanena ya faɗi sunan ɗana da na ubansa, ya wuce na gaba.

Na sa aka kwafa wa kowane gidan da aka yi rashi. Wasu sun kalla, wasu sun aje kawai. Mijina bai kalla ba, amma shi ya sayo gwangwanin da nawa memorin yake ciki yanzu.

Hayaƙi ya cinye min fuskar ɗana, wannan na haƙura, ni ai na san ta. Sunan ne nake aje wa waɗanda ba su san shi ba. Wanda duk ya sake ce min jirage kawai aka ƙona, sai ya zauna ya saurara har ƙarshe.