Igiyar Saje Maitama

An ce a rigima ɗaya tak aka taɓa kayar da Maitama, ita ma a gida, ran da Inno matarsa ta yayyaga tsohuwar rigarsa ta ɗan doka ta yi gammo. Ya daka tsawa, ta ce mai ritaya ba ya kama kowa. Hannun rigar kaɗai ya ƙwato, bawan Allah.

Ga shi yau a tashar Malumfashi yana jiran motar Funtuwa, dogo, busasshe kamar karan dawa, gemu fari fat, amma ƙirji a ture sai ka ce fareti ake. Hannun rigar na kan cinyarsa, yana shafa igiyoyi ukun da ke ɗinke a jiki. Gaban jama'a aka ba shi ta ukun, shekarar 'yancin kai, amma ba a rubuta ba, sai fansho ya fito na kofur maimakon na saje. Yanzu kotun Funtuwa ta karɓi ƙararsa, abokan aikinsa biyu sun yarda su yi shaida. Takalminsa har ƙyalli yake; wanda ya goge takalmi haka kuwa, ai bai shirya dawowa kofur ba.

Wani Alhaji mai sayen auduga da ya ji labarin ya tanka: "Haba Baba, shari'a da tsufanka? Ka bar wa Allah mana."

Maitama ya gyara zama. "Alhaji, da ɓarawo ya kore maka shanu ka kawo mini ƙara, amsar da za ka so in ba ka ke nan?"