Suna na Goma a Bakin Baba Alkasum

Har zuwa bana, da an sallame asuba, tun masu kabu-kabu ba su cika bakin tashar Tsarnawa ba, Baba Alkasum baduku ya riga ya shimfiɗa buzunsa a gindin bedi. Zai jera basilla da almakashi da kaskon karan dafi, ya jawo buhun ƙwallayen da suka fashe, ya shiga laluben ɗinki da yatsa. Idanun sun yi yana. Shekara biyu ke nan zare ba ya shiga masa allura, sai Rashida, matar ɗansa, ta zura masa guda biyar ta soke a hularsa kafin ya fito. A bayansa, jikin igiya, rigunan ƙwallo goma sha huɗu ke rataye, ja mai duhu kamar jinin da ya kwana. Ba na sayarwa ba ne. Masu su sun yi arewa, ba su dawo ba.

Kowace shekara akan karanta sunayen tara daga cikinsu a filin ƙwallo, waɗanda aka haƙura da su. Akwai na goma da ya shekara goma sha ɗaya maƙale a wuyan Baba Alkasum, sunan ɗansa Mahmud. Muddin bai faɗe shi ba, Rashida tana nan a gidansa, ita ba matar aure ba, ita ba bazawara ba.

Wanda bai san asalin jar rigar nan ba, ba zai gane mutumin ba. A 1987 Alkasum yana lebura a wani aikin tare ruwa can wajen Keita, ya haɗu da wani bakanike Ba'italiye mai taurin kai, wanda ba ya rabuwa da wata tsohuwar riga mai hoton bijimi a ƙirji. Wata rana takalminsa ya yage, Alkasum ya ɗinke masa. Ladan ɗinkin shi ne rigar, da labarin da ke cikinta.

Rigar Torino ce, ƙungiyar da aka kafa a 1906 a birnin masu ƙera motoci. Masoyanta na kiranta Toro, bijimi ke nan a yarensu, suna kuma tinƙaho da cewa tasu ce ta leburori, maƙwabciyarta Juventus ta masu gida ce. Akwai zamanin da babu mai tare mata hanya a Italiya, har an taɓa ranar da goma cikin sha ɗaya na ƴan wasan ƙasar duk nata ne. Ran 4 ga Mayun 1949 suna dawowa daga Lisbon cikin ruwa da gajimare, jirginsu ya daki bangon wata majami'a a kan tudun Superga. Mutum talatin da ɗaya, babu wanda ya fita. Aka kira wani tsohon mai horarwa da ya san su tun suna samari, ya bi gawa ɗaya bayan ɗaya yana faɗin sunanta. Wasa huɗu suka rage a kakar. Torino ta fito da matasanta, abokan karawa su ma suka ajiye manyansu suka fito da nasu matasan. Tun daga nan sau ɗaya tak ta sake zama zakara, a 1976. Ta faɗi rukuni na biyu ta hau, ta sake faɗi, a 2005 ta karye ƙurmus aka tashe ta. Amma duk 4 ga Mayu sai jama'a sun hau tudun nan, kaftin ya tsaya ya karanta sunaye talatin da ɗaya.

Da wannan Alkasum ya dawo gida. A 1990 ya tara samarin unguwa ya kafa Toron Tsarnawa. Ya sayo fararen singileti a kasuwar Konni, ya jiƙa karan dafin da yake rina fata da shi, ya ɗiga kuloko, baƙin rinin dukawa, har jan ya yi duhu irin na rigar bakaniken. Rinin ba ya jure wanki, don haka shekara talatin da biyar duk bazara sai ya sake shi. Shi ne mai horarwa, shi ne mai ɗinkin ƙwallo, shi ke yayyafa toka a yi layin fili.

Ya sha ba'a, har gobe ma yana sha. Na ji da kunnena wani mai kabu-kabu sanye da rigar Juventus ya ja burkin babur a gabansa.

"Baba Toro, jiya ma an ba ku kashi! Wai toron bijimi ne ko toron agwagwa?"

"An ba mu, ɗana. Kai bara wace riga ta a jikinka?"

"Ta Madrid."

"Bara waccan fa?"

Yaron ya sosa ƙeya, ƴan tasha suka kwashe da dariya.

"To ka gani. Ni tun ba a yi auren uwarka ba nike shan kashi cikin riga guda. Kawo sirdin nan in ɗinke maka, ya kusa yada fasinja."

Sai namu jirgin ya soma faɗuwa. Na Torino rana ɗaya ya faɗi, duniya ta girgiza, dubban ɗaruruwa suka fito jana'iza. Namu kaɗan-kaɗan yake faɗuwa, yau mai tsaron gida, wata uku mai lamba bakwai, ta Tawa, ta Agadas, ta Libiya, babu ƙara, babu hayaƙi. Mahmud na cikin na farko. Shi ne lamba goma, ɗansa namiji tilo. A 2014 ya ce zai kai albasa Konni, ya bar Rashida da cikin wata biyar. Daga bakin teku ya buga waya sau ɗaya. Shi ke nan.

Abin da Baba Alkasum ya yi bayan wannan shi ya sa na ɗauki alƙalami. Bai zauna zagin zamani ba. Ya ce mutanen Torino sun samu wanda ya san fuskokinsu, namu kuwa a yashi da ruwa suke ƙarewa a hannun waɗanda ba su san ko sunan garinsu ba. Sai ya soma ɗinka laya. Ba ta tsari ba ce, babu aya ko ɗaya a cikinta. Takarda ce a naɗe cikin leda, da sunan mutum, da na uwarsa, da garinsu, da lambar waya, da rubutun boko manya-manya. Ya rufe ta da jar fata, ya buga mata kan bijimi, a ɗaura a damtse. Duk saurayin da ya ƙudura tafiya, ɗan ƙungiya ko ba ɗan ƙungiya ba, ya san inda zai biya. Baba zai zaunar da shi ya ce ya ɗaga kai ya ƙirga rigunan igiya. In ya ƙirga bai fasa ba, sai ya ce, "Miƙo hannu." Ya ɗinka sun fi sittin. Bai taɓa karɓar ko dala ba.

An zarge shi. Wasu suka ce yana yi wa yara guzurin halaka, wasu suka ce fatan mutuwa yake musu. A 2017 waya ta yi ƙara a gidan Inna Sa'ida mai tuyar ƙosai. Wasu masu aikin ceto ne suka tsinci mutum shida kusa da wata mota da ta mutu a Sahara. Biyar an rufe su babu suna. Na shida yana da jar laya a damtse: Awal, ɗan Sa'ida, Tsarnawa. Ta yi kuka har muryarta ta dushe, aka yi zaman makoki, aka yi sadakar uku da ta bakwai. Ran da ta fito, gindin bedin nan ta fara zuwa. Shaidu sun ce ta durƙusa ta ce, "Alkasum, ka maido mini da ɗiyana. Yanzu na san inda zan aika addu'a." Ita ce ta nemi a faɗi sunansa a fili, kuma daga ita aka soma karatun 4 ga Mayu. Baba ya kafa doka: ba a karanta sunan kowa sai uwarsa ta tako da ƙafarta ta ce a karanta. "Ba ni kashe ɗan kowa da bakina," in ji shi.

Kai ne, Baba, ka yi aikin da buro guda, ofishin gwamnati sukutum, ya kamata ya yi, da basilla da ido rabi. Mu kuwa me muka yi? Mu da muka yi lakwal, ƴan boko, masu waya mai shafe-shafe, in ɗaya ya tsallaka ya ɗauki hoto a gaban wani babban fili a Italiya, kafin azahar hoton ya zagaye Malbaza da Illela, ana ta barka. Goman da suka shiga kwale-kwale ɗaya da shi, wa ya tambaya? Masu zuwa da kofi da jar hula lokacin zaɓe sun sha tsayawa a filin nan a ɗauke su hoto, ko ɗaya bai taɓa tambayar rigunan waye ke kan igiya ba. Har yau babu takarda guda a yankin nan da ta ƙirga ƴaƴanmu da suka ɓata, sai wadda ke cikin kan tsoho mai yanar ido. Mun iya cewa ƙaddara ce. Ƙaddara ba ta hana rubuta suna.

Ba zan ɓoye raunin da ke jikin gwarzon ba, don shi ma ya daina ɓoyewa. Tun 2016 Sha'ibu, abokin tafiyar Mahmud, ya dawo ya faɗa masa cewa ya ga Mahmud ya shiga kwale-kwalen roba, kuma kwale-kwalen bai isa ko'ina ba. Baba ya ce, "Ka gan shi ya shiga. Ba ka gan shi ya nutse ba." Malam Labo, mahaifin Rashida, ya zo daga Dogarawa sau uku a kan su je gaban alƙali a warware maganar auren ƴarsa. Sau uku ana ba shi fura ana raka shi tasha. In aka ce sunan fa, sai Baba ya fake da dokarsa: uwar Mahmud ta rasu, babu mai ba da izini. Rashida ba ta taɓa ɗaga masa murya ba. Ta shigo gidan tana da ashirin, ta haura talatin tana zura allura.

Bana, saura kwana goma a yi karatu, Inna Sa'ida ta ajiye kaskonta ta same shi da hantsi, tasha cike da mutane.

"Alkasum, tambaya gare ni."

"Allah ya sa na sani, Sa'ida."

"Ka sani. Kun karanta nawa, kun karanta na mata takwas. Naka da zinariya anka yi shi?"

Basilla ta tsaya a hannunsa. "Uwatai ba ta da rai. Doka ce."

"Dokar wa? Liman ya kafa ta ko gwamna? Kai ka kafa abarka. Ga mai izini nan cikin gidanka tana daka maka hura, ka taɓa tambayarta? Wallahi ba Mahmud kake jira ba. Tsoro kake ta tafi da jikarka, gida ya yi maka faɗi."

Masu shayi suka sunkuyar da kai. Wani ya ce, "Haba Inna, a yi haƙuri." Baba ya ɗaga masa hannu.

"Ƙyale ta. Wanda ya rufe ɗansa ya fi ni sanin maganar."

Ranar bai kai azahar a tasha ba. Rashida da kanta ta ba ni labarin sauran, ta kuma yarda in rubuta. Ya same ta a bakin murhu, ya tsuguna, abin da bai taɓa yi ba.

"Ɗiyata, in karanta?"

Ta gyara itacen murhu. Sannan ta ce, "Baba, ni na daɗe da karantawa a zucci. Kunyarka nike ji."

"Shekara nawa?"

"Tun dawowar Sha'ibu."

Ya dafa ƙasa ya miƙe. "Na ci amanarki shekara tara. Ki yafe mini."

Washegari ya aika aka kira Malam Labo, suka ɗauki Sha'ibu suka shiga motar Konni. Alƙali ya saurari shaida, ya yi tambayoyinsa, ya yanke cewa Rashida ta shiga takaba.

Ran 4 ga Mayu bayan la'asar, zafin bazara na dukan ƙeya, ƴan wasa suka jeru cikin sabon rini. Kaftin ya karanta tara, kowane suna jama'a na amsawa da Allah ya jiƙansa. Ya naɗe takarda. Sai Baba Alkasum ya tako tsakiyar fili babu mai riƙe masa hannu. Ya fuskanci jama'a. Ya ɗaga murya.

"Mahmud, ɗan Alkasum. Lamba goma."

Muryar Inna Sa'ida ce ta fara tashi daga cikin mata: "Allah ya jiƙansa." Sannan fili ya ɗauka.

Rashida ta fita takaba ana cikin girbin gero. Baba da kansa ya ɗauko ƙullin kayanta a ka har tasha, ya sa ta a motar Dogarawa ita da ƴarta Najiba, ya tsaya yana ɗaga hannu wajen da yake jin ƙarar motar. A makon da ta tafi ya ajiye sana'a. Yanzu shi kaɗai ne a gidan, maƙwabta ke miƙa masa tuwo ta kan danga.

Mun gode, Baba. Kai ne ka riƙe riga guda ana yi maka dariya. Kai ne ka ba matattunmu suna, kuma da gaskiya ta zo kan naka ɗan, ka makara amma ba ka gudu ba, ka saya wa ƴar mutane ƴanci da kaɗaicinka. Allah ya haskaka maka abin da ido ya rufe, ya jiƙan Mahmud da ƴan uwansa.

Ku kuma ƴan uwana matasa, kada ku karanta wannan ku ce Allah sarki ku shafa waya gaba. Dukawa ba su ƙare a Tsarnawa ba, masu iya rubutu ma ba su ƙare ba. A je a zauna gabansa tun yana da numfashi, a kwashe abin da ke kansa a takarda, a koyi ɗinkin. Abin ba ya jira. Ranar Talatar da ta wuce samari uku daga Alela sun sauka a tasha da jakunkuna, suna tambayar ina tsohon nan mai jar laya. Aka ce musu ya daina. Motar Tawa na shirin tashi, suka shiga da damtse babu komai.